Ƙannena masu son zama darakta, ku san labarin Kertész

'Yan uwana matasa masu harkar fim, da yawa a cikinku da zarar mutum ya haɗa fim ɗaya ya sa a YouTube, shi ke nan ya gama karatu, ba mai ƙara gaya masa komai. Wannan hali yana damuna ƙwarai.

An haifi Mihály Kertész a Budapest, babban birnin Hangari, a 1886. Da wasan daɓe ya fara. A 1912 ya ba da umarnin fim ɗin da ake lissafawa a matsayin dogon fim na farko a ƙasarsa, kuma ya fito a ciki. Mutum ne da in ya so sai ya zauna a gida ana yi masa kirari. Amma shekara na zagayowa ya tattara ya tafi Denmak, kamfanin fim na Nordisk, domin a lokacin can ne gwanaye suke. Ya koma yaron wasu, ya karɓi ƙaramin matsayi a fim ɗin Atlantis na darakta August Blom, yana kallon yadda ake saita haske da yadda ake yanka fim. Wane ne a cikinku zai yarda ya riƙe wa wani fitila bayan an fara kiransa darakta?

Abin da ya koyo can shi ya ɗaukaka shi. Ya bar Hangari a 1919, ya yi manyan fina-finai a Ostiriya, kamfanin Warner ya kira shi Amurka a 1926, sunansa ya koma Michael Curtiz. Ko Turanci bai iya sosai ba, amma ya yi fina-finai sama da 100 a can, har fim ɗinsa Casablanca ya sa ya samu kyautar Oscar.

Sai dai akwai abin da nake roƙonku don Allah kada ku ɗauka daga gare shi. A 1928, wajen ɗaukar fim ɗinsa na ambaliyar zamanin Annabi Nuhu, an tara ɗaruruwan mutane don cika taro, aka shirya sakar musu ruwa mai yawan gaske. Mai ɗaukar hoto, Hal Mohr, ya ce za a kashe mutane. Ba a saurare shi ba, ya ajiye aikin ya tafi. Aka saki ruwan. An ruwaito cewa mutum uku sun rasu, wasu da dama sun ji munanan raunuka. Talakawa ne da suka zo neman na cefane, ba su san abin da aka shirya musu ba. Duk kyan da hoton ya yi, bai kai ran ko ɗaya daga cikinsu ba.

Kada ku ce wannan sai Amurka. Yaron da kuka sa ya diro daga katanga ba tare da an shimfiɗa masa komai ba, da mutanen da kuka shanya a rana tun safe babu ruwan sha, da mai riƙe fitila da aka gama aiki aka daina ɗaukar wayarsa, duk amana ce a wuyanku, kuma Allah zai tambaye ku. In za ku ɗauki fage mai ruwa, ko wuta, ko gudun mota, ku tara kowa ku faɗa masa abin da zai faru kafin a kunna kyamara. In wanda ya fi ku sanin aikin ya ce akwai haɗari, ku dakata a sake shiri, ko da hakan zai ci muku kuɗin hayar kayan aiki na kwana guda.