Takardar C of O Ba Ta Wanke Filin Da Asalinsa Ya Ɓaci

Tun da aka kafa KADGIS, hukumar da ke kula da takardun filaye a Jihar Kaduna, a 2015, wata magana ta zama ruwan dare a bakin dillalan fili, daga Rigasa har Millennium City: wai muddin C of O, wato takardar shaidar haƙƙin riƙe fili da gwamnati ke bayarwa, ta fito da sunanka, ko Kotun Ƙoli aka je ba mai ɗaga ka. Masu yaɗa maganar kan karɓi la'adarsu su yi gaba tun kafin sammaci ya iso.

Kotun Ƙoli ta daɗe da rufe wannan babi. A shari'ar Ogunleye da Oni ta 1990, ta nuna cewa takardar ba ta haifar da mallakar da babu ita tun farko. Idan wani ya tabbatar haƙƙinsa ya riga naka, kuma ba a soke shi bisa tanadin Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ba, jingine takardarka za a yi.

Abin da alƙalai ke bi shi ne asali. Shari'ar Idundun da Okumagba ta 1976 ta zayyana hanyoyi biyar na tabbatar da mallaka: tarihin gado, ingantattun takardu, ayyukan mai abu kamar sayarwa ko ba da haya tsawon lokaci, daɗewa ana riƙe da wurin, da mallakar filin da ke manne da shi. Ɗaya ta wadatar, amma sai ta tsaya da ƙafarta. Wanda ya dogara da tarihi dole ya faɗi wanda ya sare dajin, yadda ya same shi, da sunayen waɗanda filin ya bi ta hannunsu har ya iso gare shi. Aka tsallake mutum ɗaya, zaren ya tsinke. Wanda ya ce saya ya yi, za a tambaye shi inda mai sayarwar ya samo. Idan kuma mutum ɗaya ne ya sayar wa biyu, yawanci na farko ke ci, domin mai sayarwar ba shi da sauran abin bai wa na biyu. Sannan iyaka. "Daga tsamiya zuwa rafi" ba ta isa ba idan tsamiyar ta daɗe da zama itacen girki. Mai ƙarar da ya kasa fayyace filin da yake nema, da taswirar safiyo ko shaidar maƙwabta, ya faɗi ko da abokin shari'arsa bai kawo abin kirki ba.

Akwai masu cewa ai ko an faɗi a kotun ƙasa za a gyara a kotun sama. Ba su san aikin ba. Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke zama a nan Kaduna ba ta sake kiran shaidu. Kundin shari'ar da aka rubuta a ƙasa take karantawa, tare da hujjojin lauyoyi a rubuce, kuma tana girmama alƙalin da ya ga shaidu ido da ido. Tsohon da ya san iyakar gonar amma ba a gabatar da shi ba, maganarsa ta wuce, sai a yanayi na musamman. Idan kotuna biyu suka dace a kan abin da ya faru, Kotun Ƙoli ba ta taɓa shi sai an nuna hukuncin ya saɓa wa shaidar da ke kundi. Wa'adin ɗaukaka ƙara daga hukuncin ƙarshe na Babbar Kotu wata uku ne. Wanda ya makara sai ya roƙi ƙarin lokaci da dalili mai ƙarfi.

Ga kuma tarkon hurumi. Mutum ya faɗi a kotun shari'ar Musulunci, sai ya garzaya Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a. Sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya taƙaita ta ga al'amura irin su aure, gado, wasiyya, kyauta da waƙafi. Rigimar mallakar fili zalla kuwa, Babbar Kotu ake ɗaukaka ƙararta. Shekaru sai su tafi, a zo sama a rushe komai a ce a koma farko.

Ya kamata hukuma ta tsananta binciken asali kafin ta buga takarda, masu unguwanni kuma su daina sa hannu a cinikin filin da ba su taka ba. Mai saye kuwa, kafin ya tambayi dillali ko akwai C of O, ya fara tambayar wanda ke noma wurin shekara ashirin da suka wuce, da inda magadansa suke.