Da gwiwar Bennett ba ta yi ciwo ba, da wa zai yi fim kan Cavendish?

Fim ɗin da Netflix ta fitar a 2023 kan Mark Cavendish, ɗan tseren keken nan na Birtaniya, ya yi kyau kam, ban musa ba. Inda nake da ja shi ne yadda ake ta kafa hujja da shi wai duk wanda ya dage sai ya kai gaci.

Ku duba fa. A 2017 aka gano cutar Epstein-Barr a jikinsa, mai tsotse ƙarfin mutum, can kuma ciwon damuwa ya zo ya haɗu da ita, mutumin da ya lashe zango 30 (tseren yini guda-guda) a Tour de France, babbar gasar tseren keke ta Faransa, ya koma ko ƙaramar gasa ta gagare shi. A 2020 bayan tseren Gent-Wevelgem a Beljiyam hawaye ya dinga yi gaban kyamara yana cewa ƙila na ƙarshe kenan. Ƙungiyar tseren keke ta Quick-Step ce ta ɗauke shi, ita ma kan albashi mafi ƙanƙanta, kuma ba shi aka shirya kaiwa Tour na 2021 ba, Sam Bennett ne, ɗan Ayalan da ya ci koriyar riga, wadda ake ba wanda ya fi tara maki a Tour, a 2020. Ana saura ƴan kwanaki gwiwar Bennett ta ƙi, aka ce to Cavendish zo ka cike gurbi. Ya je ya ci zango 4, ya kamo Eddy Merckx, wanda a lokacin ya fi kowa cin zango a tarihin Tour, a 34.

Ya dage, eh, amma rabo ne ya rantse. Masu tsere nawa ne suka dage haka kwantiraginsu ya ƙare shiru, ba wanda ya bi su da kyamara? Masu fim wanda ya dawo suke nema, shi yasa mai kallo ke zaton haka sana'ar take.

Ga kuma Michael Mørkøv, abokin tseren Cavendish a Quick-Step, wanda aikinsa a lokacin shi ne ya shiga gaba ya tare iska, keke na gudun sama da kilomita 60 a awa, kafaɗa na gogar kafaɗa, sai saura kamar mita 200 ya kauce wani ya ɗaga hannu. Shi ma ai rayuwar ɗan tsere ce, kuma irinsa sun fi yawa nesa ba kusa ba.

Cavendish ya karya ƙashin wuya a Tour na 2023, ya dawo 2024 yana da shekara 39 ya ci na 35 a Saint-Vulbas. Bennett kuwa ya bar Quick-Step a ƙarshen 2021, kuma tun 2020 bai sake cin zango a Tour ba.