Gambo Malam

Sai da na shekara bakwai a duniya kafin na san wai Abubakar sunana ne. A gida Gambo nake, tunda ni na biyo tagwaye. Sunan yankan kuwa na kakana ne, mahaifin Baba, kuma Inna ko da wuƙa a wuya ba za ta kama sunan surukinta ba. Rago dai an ci, suna aka jefa ƙarƙashin gado.

Ranar shiga firamare Baba ya yi tafiya, maƙwabcinmu ya tura ni ofishin hedimasta ya wuce kasuwa.

"Yaro, yaya sunanka?"

"Gambo."

"Mahaifinka fa?"

To ni abin da nake ji a bakin Inna kullum shi ne "kai wa Malam buta", "Malam ya dawo". Na ce, "Malam."

"Na'am, ina jinka."

"Malam."

"Na ce ina jinka!"

A karo na uku ya dube ni ta saman tabarau, ya girgiza kai, ya rubuta. Shi ke nan, Gambo Malam ya hau rajista, ya bi ni har takardar sakandare. Da aka fito da BVN, lambar tantance masu asusu a banki, a 2014, da shi na yi. Wajen katin ɗan ƙasa ne ban san me ya hau kaina ba, na ga ai na girma, na ba da sunan yanka da na Baba na gaskiya. Ranar da aka zo haɗa su a banki, budurwar da ke kan kwamfuta ta ce, "Alhaji, mutum biyu ne nan." Ga kuma suna na uku, ko Jidda ban taɓa gani ba. Sai da na je kotu na biya kuɗi na rantse cewa ni ne ni, na kuma buga a jarida.

Ranar ɗaurin aurena, sanƙira na shelar an ɗaura da Abubakar, kakar amarya ta ɗora hannu a ka: "Wane Habu kuma? Ba Gambo muka ba wa ba?" Da ƙyar aka lallashe ta, har yau kallon ɗan canji take yi mini.

Yanzu uwargida, saboda kunya, ba ta faɗin ko ɗaya. Malam take ce mini. Baɗi ɗanmu zai shiga firamare, kuma ko ina kwance da zazzaɓi ni zan kai shi da ƙafata.