Rigimar wane ne gaba a ofis bayan jinkirin ƙarin girma

'Yan'uwana ma'aikatan gwamnatin tarayya, musamman matasan da ba su daɗe da kama aiki ba, ina so mu yi magana a kan wata ɗabi'a da ke lalata zaman ofis a duk lokacin da sakamakon ƙarin girma ya fito. Mutum zai ga sunan wanda ya same shi a wurin aiki, wanda shi ya koya masa yadda ake rubuta takardar ofis, ya haye sama da shi, daga ranar sai gaisuwa ta yanke, fayil ya kwana sati a teburinsa don kada ya miƙa wa "yaron jiya". Zafin abin gaskiya ne, ban musa ba. Sai dai wanda ake huce haushin a kansa ba shi ya riƙe maka ƙarin girma ba, an bar jaki ne ana dukan taiki.

Mu fara da sanin ƙa'ida. A Najeriya, ma'aikacin da ke matakin albashi na 6 zuwa ƙasa sai ya yi aƙalla shekara 2 a matakinsa kafin a duba shi don ƙarin girma, na mataki na 7 zuwa 14 shekara 3, na 15 zuwa 17 kuma shekara 4. Cika waɗannan shekaru cancanta kawai yake ba ka. Dole a sami gurbi, ka ci jarrabawa, kuma rahoton kimanta aikinka na shekara-shekara ya cika. Abin da mutane da yawa ba sa son ji shi ne, ana fara duba ranar da mutum ya hau matakin da yake kai ne wajen tantance wanda ke gaba, ba ranar da aka ɗauke shi aiki ba, balle furfurarsa.

Mu ɗauka an ɗauke ka a mataki na 8 a 2012, an ɗauki wani a 2014. Idan aka tsallake ka sau uku saboda fayil ɗinka ya ɓata ko shugaban sashenka bai cike maka fom ba, shi kuwa komai nasa ya tafi daidai, to zai riga ka hawa mataki na 10, kuma a takarda shi ne gaba da kai. Faɗa da shi a gaban masinja ba zai gyara ko layi ɗaya a jerin sunayen ma'aikata ba. Abin da zai iya gyarawa shi ne takardar koke da ka rubuta cikin ladabi, ka bi da ita ta hannun shugabanninka, ka haɗa kwafin takardar ɗaukar aiki da ta tabbatar da kai a aiki da ta ƙarin girman ƙarshe, kana neman a mayar da ranar ƙarin girmanka zuwa shekarar da ka cancanta, tunda jinkirin ba laifinka ba ne. Ko da ba a biya ka bashin kuɗin ba, ranar kanta ta fi kuɗin daraja, domin daga ita za a ƙirga ƙarin girma na gaba, kuma shekarun ritaya, wato 35 na aiki ko 60 na haihuwa, ba sa jiran kowa. Idan ma'aikata ta yi kunnen uwar shegu, akwai Hukumar Kula da Ma'aikatan Tarayya, akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, sannan akwai Kotun Ma'aikata. Na sha ganin mutum ya shekara yana ƙorafi a bakin ofis, amma ka tambaye shi kwafin koken da ya rubuta, babu.

Kai kuma da Allah Ya ɗaga, ka ji tsoron Allah. Mutumin da kake kira "Oga" jiya, kada yau ka tsaya daga kujera kana kiran sunansa gatsau a gaban ƙananan ma'aikata. Ba shi aikinsa da girmamawa, ka nemi shawararsa a abin da ya fi ka sani, kuma idan kokensa ya biyo ta teburinka, ka rubuta gaskiyar abin da ka sani ka tura shi gaba a ranar, ko da gyaran ranar zai sake mayar da shi sama da kai.