Hanyar Aljiyas zuwa Legas: Kwalta ta iso, fatauci bai biyo ta ba

A cikin manyan hanyoyi huɗu da gwamnatin Shugaba Bola Tinubu ke tutiya da su, akwai guda ɗaya da ke sosa mini rai duk lokacin da aka ambace ta. Ita ce wadda za ta taso daga Kalaba, ta ratsa Ebonyi da Binuwai da Nasarawa, ta ƙare a Abuja, wadda ministan ayyuka David Umahi da jami'ansa suke kira babbar hanyar ratsa Sahara. Babu mai ƙin a yi wa mutanen Ebonyi da Binuwai hanya, domin suna buƙatarta kamar kowa. Abin da ke da ciwo shi ne a ce hanyar da za ta tsaya a Abuja ta gaje matsayin wata hanya da ke nan da ranta, wadda aka fi shekara hamsin ana ginawa, wadda ta keta tsakiyar ƙasar Hausa, amma masu mulki a Najeriya ba sa tunawa da ita sai ranar taron ministoci. Masu kare ma'aikatar suna cewa ai daga Abuja za a haɗe da hanyar Kano, to da irin wannan lissafi babu titin da ba ya zuwa Sahara a ƙasar nan.

Hanyar ratsa Sahara ta ainihi tana da tsawon kilomita kusan 4,500, daga birnin Aljiyas a gaɓar Bahar Rum har zuwa Legas. Fiye da rabinta yana cikin Aljeriya, inda ta bi ta Lagwat da Gardaya da El Meniya da In Salah, ta kutsa cikin duwatsun Arak zuwa Tamanrasat, sannan ta gangaro In Gezam a bakin iyaka. A Nijar ta shiga ta Asamaka, ta bi Arlit da Agadas da Tanut zuwa Damagaram, kimanin kilomita dubu ke nan, daga nan mai mota ya nufo Najeriya ta Matamaye zuwa Kwangwalam da Daura, ko kuwa ta Magarya. Daga Kano ta ci gaba zuwa Zariya da Kaduna, ta tsallake kogin Kwara a Jebba, ta bi Ilori da Oyo da Badun zuwa teku. Tana da rassa zuwa Tunisiya da Mali da Chadi, shi ya sa ƙasashe shida ne ke zaune a kwamitin da ke kula da ita, wanda hedikwatarsa ke Aljiyas tun shekarun 1960.

Injiniyoyin da suka zana ta ba su ƙirƙiro komai ba, sawun raƙuma suka bi. Ƙarni bayan ƙarni ayari yana tashi daga Kano ƙarƙashin madugu, ya yada zango a Damagaram, ya ratsa Damargu zuwa Agadas da duwatsun Azbin, daga can wasu su nufi Gat da Gadamas har Tarabulus, wasu su nufi In Salah da ƙasar Tuwat. Abin da ke tafiya arewa shi ne turkuɗi da baƙin rinin Kura da jemammun fatu da gashin jimina da hauren giwa, da kuma bayi, wanda wannan ɓangare ne na tarihin da bai kamata a shafe shi don son a ƙawata labari ba. Abin da ke saukowa kuwa ya haɗa da takarda da alharini da turare da takubba da littattafai, ga gishirin Balma da Abzinawa ke kawowa duk shekara su koma da gero. Dandalin Turawa da ke cikin birnin Kano ya samo sunansa ne daga Larabawan Tarabulus da Gadamas, waɗanda a da ake kira Turawa, da suka zauna a wurin suna ciniki da kasuwar Kurmi, kuma hasumiyar masallacin Agadas, wadda aka fara ginawa a farkon ƙarni na 16, arzikin wannan hanya ne ya tsayar da ita.

Cikin 'yan shekaru kaɗan aka ruguza wannan tsari. Faransawa sun kama Damagaram a 1899, Ingilishi sun ci Kano a 1903, aka ja layi tsakanin garuruwan da suke kasuwa ɗaya. A 1911 Italiya ta afka wa Tarabulus, a wannan shekarar kuma layin dogo ya iso Kano daga kudu. Kayan da raƙumi ke ɗaukar watanni kafin ya kawo su sai ga su suna isowa ta jirgin ruwa da jirgin ƙasa a kan kuɗi kaɗan, gyaɗa ta maye gurbin turkuɗi, fatake suka juya fuska zuwa Ikko. Yaƙin Kawusan, wato boren Abzinawa na 1916 zuwa 1917, da ramuwar gayyar da Faransawa suka yi a Azbin sun ƙarasa abin da ya rage na manyan ayarori, sannan a 1926 aka ɗauke babban birnin Nijar daga Damagaram zuwa Yamai. Tun daga lokacin aka saba wa Bahaushe da ganin cewa ƙofar duniya guda ɗaya ce, tana bakin teku, kuma Sahara bango ce. Wannan tunani na mulkin mallaka shi ne har yau ke zaune daram a ma'aikatun Abuja, kuma abin takaici, har a kawunan manyan Arewa.

Aljeriya ce kaɗai ta ɗauki maganar farfaɗo da hanyar da gaske. A 1971 Shugaba Huwari Bumadiyan ya ƙaddamar da aikin daga El Meniya, ya sa mata suna hanyar haɗin kan Afirka, ya tura matasa masu hidimar ƙasa suka shimfiɗa kwalta cikin zafin da ke narka ta. Sun kai In Salah a 1973, suka kai Tamanrasat a 1978, daga baya aka ƙarasa zuwa In Gezam. A ɓangaren Nijar, yuraniyom ne ya jawo kwalta zuwa arewa a ƙarshen shekarun 1970, lokacin da aka gina hanyar Tawa zuwa Agadas da Arlit don fitar da ma'adinin. Gibin da ya daɗe yana ba kowa kunya shi ne kilomita 225 tsakanin Arlit da Asamaka, wanda aka ƙaddamar da aikinsa a 2014 da kuɗin Bankin Raya Afirka da wasu masu ba da lamuni, ya kuma ci shekaru fiye da wa'adinsa. Kafin a ce an rufe wannan gibi, tsohuwar kwaltar Agadas zuwa Arlit ta riga ta farfashe, har direbobi suna sauka daga kanta su bi gefe cikin rairayi don ya fi musu sauƙi.

A nan ne nake da ja da masu auna hanya da yawan kilomitar da aka malala wa kwalta. Shekaru da dama ke nan duk taron da aka yi sai a sanar cewa an kammala fiye da kashi 90 cikin ɗari, a tafa, a ɗauki hoto, a watse. Ba a taɓa jin wani minista ya tashi ya faɗi tireloli nawa ne suka taso daga Kano da kaya suka sauke a Tamanrasat ba tare da an tsare su kwanaki a iyaka ba. Najeriya ta rufe iyakokinta na ƙasa daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020 da sunan yaƙi da fasa-ƙwaurin shinkafa. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 a Yamai aka sake garƙame iyakar da umarnin ECOWAS, aka yanke wa Nijar wuta, motocin albasa da na hatsi suka yi jerin gwano a Illela da Jibiya da Maigatari har kayan wasu suka ruɓe, ba a buɗe ba sai a watan Maris na 2024. Nijar ta fice daga ECOWAS a Janairun 2025, a watan Afrilun 2025 ɗin kuma ita da Mali da Burkina Faso suka janye jakadunsu daga Aljiyas saboda rikicin jirgi maras matuƙi da aka harbo a iyakar Mali. Wane ɗan kasuwa ne zai zuba jarinsa a hanyar da sanarwa ɗaya daga fadar shugaban ƙasa ke iya toshe ta dare ɗaya?

Ko a lokacin da iyaka take buɗe, duk wanda ya taɓa bin mota daga Kano zuwa Daura ya san abin da ake ciki. Ana jawo katako mai ƙusoshi a gitta a tsakiyar titi, direba ya rage gudu, yaron mota ya diro da kuɗi a dunƙule cikin tafin hannu, a gaisa, a janye katakon, kafin a yi nisa kuma ga wani shingen da wasu masu kaki daban. Kowane buhun masara da aka ɗora a kasuwar Dawanau yana isa Damagaram ne ɗauke da kuɗin waɗannan gaishe-gaishe a kansa. Gaba da Kaduna kuwa, yankin Birnin Gwari ya shafe shekaru a hannun 'yan bindiga har direbobi suka ƙaurace masa, gadar Tatabu tsakanin Mokwa da Jebba ta karye a 2017, hanyar Abuja zuwa Kano da aka bayar da kwangilarta a ƙarshen 2017 kuma har aka sauya gwamnati ba ta kammala ba.

Da yake fataucin halal bai samu wurin zama a kan hanyar ba, wani irin fatauci ne ya cika ta. Taliya da madarar gari da man fetur masu rangwamen gwamnatin Aljeriya suna sulalowa Arlit da Agadas ta bayan fage. Mutane kuma suna hawa arewa, ciki har da mata da ƙananan yara daga yankin Kance na Nijar da ake kai su bara biranen Aljeriya. A watan Oktoban 2013 an tsinci gawawwaki 92, yawancinsu mata da yara, waɗanda ƙishirwa ta kashe kusa da iyaka bayan motocinsu sun lalace. Har yanzu jami'an Aljeriya suna sauke dubban baƙin haure a wani fili da ke cikin hamada, su tako kimanin kilomita 15 a ƙasa kafin su ga Asamaka. Dokar hana safarar baƙin haure da Nijar ta kafa a 2015 bisa matsin lambar Turai ta tura direbobi bin ɓarauniyar hanya mai haɗari, sojoji suka soke ta a Nuwambar 2023, amma kafa ta da soke ta duka ba su samar wa ɗan Kance abin da zai sayar a Tamanrasat ba in ban da ƙarfinsa.

Masana tattalin arziki na ofis za su ce babu mai hankalin da zai jawo kwantena fiye da kilomita 3,000 daga Aljiyas zuwa Kano alhali Legas tana nan kusa, kuma wannan amsa ce ga tambayar da ba wanda ya yi. Darajar hanyar tana cikin garuruwan da ke kanta. Agadas ta fi Legas kusa da Kano, Damagaram kuwa tafiyar 'yan sa'o'i ce. Arewacin Nijar da kudancin Aljeriya ba sa noma abin da zai ciyar da su, suna buƙatar gero da masara da citta da barkono da atamfa da kayan roba, waɗanda duk ake samu a Kano, su kuma suna da dabino da gishiri da dabbobi da siminti da takin zamani. Dokar Aljeriya ta ma halatta cinikin musayar kaya tsakanin jihohinta na kudu da Nijar da Mali, ana kuma yin bikin baje kolin Asihar a Tamanrasat saboda wannan. Najeriya, wadda ta fi kowa abin sayarwa, ba ta nemi a sa ta cikin irin wannan tsari da wani ƙwazo da aka gani ba, duk da yarjejeniyar ciniki maras shinge ta Afirka da ta fara aiki a Janairun 2021.

Laifin manyan Arewa a nan ya fi na kowa girma. Gwamnoni da 'yan majalisa da attajiranmu sun iya kuka idan aka ware wa hanyar gaɓar teku ta Legas zuwa Kalaba maƙudan kuɗi, amma kukan nasu bai wuce a ba su nasu kason na kwangila ba. Tashar tsandauri ta Dala da aka buɗe a 2023 ƙofa ce zuwa tashar ruwan Apapa da ke Legas. Layin dogon Kano zuwa Maraɗi, wanda ya fi kowane aiki kusa da fuskantar arewa, an tallata shi ne a matsayin hanyar jawo kayan Nijar zuwa tashoshin ruwan Najeriya. Aikin faɗaɗa hanyar Kano zuwa Kwangwalam abin a yaba ne, sai dai zai kai mai mota ne da sauri zuwa bakin shingen da zai kwana a gabansa. Ban taɓa jin ƙungiyar gwamnonin Arewa ta zauna zama na musamman kan yadda kayan Dawanau da Kantin Kwari za su isa Agadas da Tamanrasat ba, alhali kakannin waɗanda suka zaɓe su sun yi wannan ciniki da jaki da raƙumi.

Abin da ake buƙata bai kai tsadar sabuwar hanya mai layi shida ba. A cire iyakar Nijar daga cikin makaman da ake ɗauka duk lokacin da shugabanni suka saɓa, a haɗa jami'an kwastan na ƙasashen biyu a ofishi ɗaya a Kwangwalam, a kwashe shingayen da ke tsakanin Kano da Daura, a kuma nemi Aljeriya ta shigar da 'yan kasuwar Najeriya cikin tsarinta na musayar kaya. Jihohin Kano da Katsina da Jigawa suna iya fara wannan magana da Damagaram da Agadas tun kafin Abuja ta farka, kuma ƙungiyoyin 'yan kasuwa da na direbobin tireloli suna da bakin da za su matsa musu su yi hakan.