Nasiha kan bidiyon ƙudan zuma mai haske a sararin samaniya

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Daren jiya bayan sallar isha'i, wani ƙanena da ke zaune a Unguwar Rogo a nan Jos ya turo mini wani bidiyo ta WhatsApp, inda ake ganin dubban ƙudan zuma suna walƙiya kamar fitilu, suna kewaya sama a kan wasu duwatsu da aka ce wai na Shere ne, an kuma ɗora ƙira'a mai ratsa zuciya a kai. A ƙasa an rubuta cewa wannan alama ce ta ƙarshen zamani, duk wanda ya gani ya ce Subhanallah, ya tura wa mutum goma. Na kira shi na ce, "Ƙanena, kai ka gani da idonka, ko kuwa ka san wanda ya gani?" Ya ce, "A'a Yaya, ni ma turo mini aka yi, kuma na ga ai ambaton Allah ne, ba laifi." Wannan amsa tasa ce ta sa na ɗauki alƙalami, domin na san mutanen kirki da yawa haka suke ɗaukar abin.

Ƙudan zuma ba ya fitar da haske daga jikinsa, kuma aikinsa na rana ne, domin da rana yake gane hanya. Idan duhu ya yi, yawanci yana cikin amya. Ƙwaron da ke ƙyalli da daddare shi ne maƙesu, wanda muke gani a bakin rafi da damina, kuma a kusa da ciyawa yake shawagi. Idan kuwa mutum ya hangi fitilu a jere suna tafiya a sama, to tun 2019 kamfanin SpaceX na Amurka yake harba taurarin ɗan'adam na Starlink rukuni-rukuni, kuma a kwanakin farko bayan harbawa ana ganinsu a jere kamar jirgin ƙasa. Shi kuwa bidiyon ƙanena, irin wanda manhajojin ƙirƙirarriyar basira suke haɗawa ne cikin 'yan mintoci, wani ya zauna da wayarsa ya ƙaga abin da bai taɓa faruwa ba.

Ya 'yan'uwa, abin da ya fi damuna shi ne a jingina wa Allah ayar da bai saukar ba, sannan a ce don a ƙara wa mutane imani ne. A ranar da Ibrahim, ɗan Manzon Allah (SAW), ya rasu, rana ta yi husufi, sai mutane suka ce saboda rasuwarsa ne. Maganar za ta ƙara masa kwarjini a idon jama'a, ga shi kuma yana cikin zafin rashin ɗa, amma bai bar ta ta kwana ba. Ya tashi ya bayyana cewa rana da wata ayoyi ne biyu daga ayoyin Allah, ba sa husufi don mutuwar wani ko rayuwarsa, idan aka ga haka a tashi a yi salla. Buhari da Muslim ne suka ruwaito. Husufin nan ya faru da gaske, fassarar da aka yi masa ce kawai ba daidai ba, kuma duk da haka sai da aka gyara. To ina ga abin da tushensa ma ƙage ne? Ya zo a gabatarwar Sahihu Muslim cewa ya ishi mutum zama maƙaryaci ya riƙa ba da labarin duk abin da ya ji, kuma danna maɓallin turawa ba da labari ne.

Abin takaici, ƙudan zuma na gaskiya ya fi na bidiyon ban mamaki nesa ba kusa ba. Allah ya sanya wa sura ta 16 sunansa, Suratun Nahli, kuma a aya ta 68 da ta 69 ya ce ya yi masa wahayi ya riƙi gidaje a duwatsu da itatuwa da abin da mutane suke ginawa, ya ci daga dukkan 'ya'yan itace, sannan wani abin sha mai launi daban-daban ya fito daga cikinsa, a cikinsa akwai waraka ga mutane. Amya guda takan ɗauki dubun-dubatar ƙudaje ƙarƙashin sarauniya ɗaya, suna gina saƙa mai kusurwa shida-shida ba tare da magwaji ba. Idan ɗayansu ya samo fure, sai ya koma cikin duhun amya ya yi wata rawa a kan saƙar, wadda take nuna wa 'yan'uwansa ta wane ɓangare furen yake daga rana da kuma nisansa. Wani masani ɗan ƙasar Ostiriya, Karl von Frisch, ya shafe shekaru yana bin wannan rawa kafin ya gane ma'anarta, har aka ba shi kyautar Nobel a 1973. Mu kuwa da muke karanta ayar a salla, sau nawa muka tsaya muka dubi wannan halitta a kan furen mangwaron da ke tsakar gidanmu?

Mu mutanen Jos bai kamata a koya mana illar jita-jita ba. Mun ga rikicin 2001, mun ga na 2008 da 2010, mun san yadda "an ce, an ce" take ƙara wa wuta fetur har a rufe kasuwa, a raba maƙwabci da maƙwabcinsa. Hannun da ya saba tura bidiyon ƙudan zuma ba tare da bincike ba, shi ne gobe zai tura hoton gawa da aka ɗauka a wata ƙasa a ce a Bukuru ne. Shi ya sa aya ta 6 ta Suratul Hujurat ta umarce mu da mu tantance labari, don kada mu cutar da mutane cikin jahilci mu wayi gari muna nadama.

Na roƙi ƙanena ya koma duk zauren da ya tura bidiyon ya rubuta cewa ƙage ne, kuma ya yi hakan kafin ya kwanta, Allah ya yi masa albarka. Mun yi alkawari ranar Asabar bayan sallar asuba za mu je wajen wani dattijo mai kiwon zuma a bayan gari, ya buɗe mana amya mu gani da idanunmu.