Tsunami: teku ba hauka yake yi ba, akwai sababi kuma akwai alama

Jama'a duk lokacin da bidiyon tsunami ya sake zagayowa a waya, ko na Japan ne ko na Indunusiya, maganganu uku ne suke fara fitowa daga bakin mutane: wani ya ce azaba ce aka saukar musu, wani ya ce ai baɗalar da ake yi a bakin ruwa ce ta jawo, na ukun kuma ya rantse da Allah wai manyan ƙasashe ne suka gwada bam a ƙarƙashin teku. Abun yana damuna ƙwarai, domin wannan na ɗaya daga cikin bala'o'in da aka san yadda suke tasowa tiryan-tiryan, kuma sanin nan ya sha raba mutum da mutuwa da izinin Allah, amma mu mun fi son yanke wa mamata hukunci a kan mu tsaya mu fahimci me ya faru da su.

Kalmar kanta daga yaren Japan take, tsu tashar jiragen ruwa ce, nami kuma igiyar ruwa, wato igiyar da ke afka wa tasha. Bayanin da ake yawan bayarwa shi ne masunta ne suka sa sunan, sai su wuni can tsakiyar teku suna kamun kifi lafiya lau ba su ji komai ba, su dawo su tarar tashar da suka baro babu ita, gidaje babu, iyali babu. Kuma wannan ba tatsuniya ce kawai ba, haka abun yake aiki. A can inda teku ke da zurfin kilomita huɗu ko biyar, tsayin igiyar tsunami sau da yawa bai kai ko mita ɗaya ba, amma daga kanta zuwa kan ta bayanta sai a yi ɗaruruwan kilomita, shi ya sa za ta bi ta ƙarƙashin jirgi ta wuce na ciki ba su ma sani ba, alhali tana gudun da ya kai kilomita 800 a awa ɗaya, gudun jirgin sama kenan. Sai ta kusanto gaɓa inda ruwa ba zurfi, gabanta ya rage gudu, bayanta kuma yana nan tafe da ƙarfinsa, toh nan ne ruwan yake hawa kan juna ya yi tsiri.

Kar a haɗa ta da igiyar da iska ke tayarwa, waccan saman ruwa kawai take kaɗawa ta fashe a bakin gaɓa ta koma. Kar kuma a haɗa ta da cikowa da janyewar da teku ke yi kullum saboda jan wata da rana, babu ruwan wata a wannan maganar sam. Tsunami ruwan teku ne gaba ɗayansa, tun daga ƙasa har sama, aka tura. Ɗauki baho cike da ruwa ka hura masa iska da baki, saman kawai zai motsa, amma ka ɗaga gindin bahon ta gefe ɗaya da ƙarfi ka ga yadda ruwan zai kwaso ya zube ta ɗaya gefen. Shi ya sa a bidiyo ba ka cika ganin wata kyakkyawar igiya mai lanƙwasa ba, abun da kake gani baƙin ruwa ne yana ta shigowa gari, yana ta shigowa minti goma minti ashirin bai tsaya ba, ɗauke da motoci da jiragen ruwa da kwanon rufi da itatuwa, kuma tarkacen nan ma suna kashe mutum ko da ya iya iyo.

Toh me ke ɗaga gindin tekun? Mafi yawa girgizar ƙasa ce. Ɓawon duniyar nan ba dunƙule yake guda ɗaya ba, manyan faya-fayan dutse ne a jere suna motsi a hankali, 'yan santimita a shekara, kuma a wasu wuraren wani faifan yana kutsawa ƙarƙashin wani. Sai su cije, na ƙasan yana ta jan bakin na saman yana lanƙwasa shi, shekara ɗari, shekara ɗari biyar ana tara ƙarfi, ranar da ya suɓuce sai na saman ya zabura ya miƙe cikin 'yan mintuna, duk ruwan da ke kansa kuma dole ya tashi tare da shi. Abun da ya faru kenan ranar 26 ga Disamba 2004 a yammacin tsibirin Sumatra na Indunusiya, girgiza mai maki 9.1 a ma'aunin ƙarfin girgizar ƙasa, tsagar da ta yi a ƙarƙashin teku ta kai tsawon kilomita 1,300 ko kusa da haka. Don Allah a gaya min wane bam ne ɗan adam ya ƙera da zai tsaga ƙasa kilomita dubu da ɗari uku? Na'urorin auna girgiza na duniya suna bambance fashewar bam da suɓucewar dutse, kowanne da irin zanen da yake bari.

Kuma ba kowace girgiza ce a teku take haifar da tsunami ba, wannan ma mutane ba su sani ba. Sai ta yi ƙarfi, galibi daga maki 7 zuwa sama, sai ta zama ba ta yi nisa can cikin ƙasa ba, sannan sai motsin ya zama na sama da ƙasa. A watan Afrilun 2012 an yi wata mai maki 8.6 a wannan yankin dai na Sumatra, hankalin kowa ya tashi mutane suka gudu kan tudu, amma ruwan da ya zo ɗan kaɗan ne, saboda duwatsun gogar juna suka yi gefe da gefe, ba su ɗaga tekun ba.

Akwai kuma dutse mai aman wuta. Krakatau da ya fashe a 1883 tsakanin Java da Sumatra ya kashe sama da mutum 36,000, kuma yawancinsu ba wuta ce ta ci su ba, ruwa ne. Na Tonga da ya fashe a Janairun 2022 sai da igiyarsa ta tsallake Tekun Pasifik ta kashe mutum biyu a Peru. Sai zaftarewar ƙasa, ko a ƙarƙashin ruwa ko dutse ya ɓallo daga sama ya faɗa ciki: a 1958 a wani lungun teku da ake kira Lituya a Alaska, girgiza ta ɓallo gefen dutse ya rufta cikin ruwa, ruwan ya haura ɗaya dutsen har tsayin mita 524 ya share itatuwa tas. Dutse daga sararin samaniya ma in ya faɗo teku zai iya, masana sun ce ya taɓa faruwa shekaru miliyan 66 da suka wuce a gefen Meziko, amma wannan ba shi ne abun da na bakin teku zai kwana yana tunani ba. Yawancin tsunami a kewayen Tekun Pasifik ake yinta domin can ne faya-fayan nan suka fi cin karo, amma ba can kaɗai ba, a 1755 girgizar Lisbon ta Fotugal ta tura ruwa har gaɓar Maroko.

Yanzu mu zo kan maganar azaba, domin ita ce ta fi ci min rai. Ni musulmi ne, na yi imani ko ganye ba ya faɗuwa sai da sanin Allah, kuma wanda ya ga teku ya haɗiye gari bai ji tsoron Ubangijinsa ba to ya binciki zuciyarsa. Amma tsoron Allah daban, nuna gawa da yatsa ka ce ga laifin da ta yi daban. Tsunamin 2004 ta kashe kusan mutum 230,000 a ƙasashe 14, kuma ina ne aka fi mutuwa? Aceh, lardin da mutanen Indunusiya da kansu suke yi wa laƙabi da barandar Makka saboda riƙon addini, sama da mutum 160,000 suka tafi a Indunusiya, yawancinsu a lardin nan, masunta, mata masu goyo, yara ƙanana, almajirai, da safiyar Lahadi wajen ƙarfe takwas. A Siri Lanka jirgin ƙasa ne cike da fasinja ruwa ya kifar, sama da mutum dubu a ciki. A Somaliya masunta ne talakawa kusan 300. Waɗannan ne za ka zauna da wayarka ka ce fasiƙai? Alhali hadisi ingantacce ya lissafa wanda ya nutse a ruwa da wanda gini ya faɗa wa cikin shahidai. Wallahi mu ji tsoron Allah da bakinmu.

Abun da ya kamata ya hana mu barci a labarin 2004 wani ne daban. Ruwan ya isa Banda Aceh, babban birnin lardin Aceh, cikin abun da bai wuce rabin awa ba, su kam lokacinsu ƙanƙane ne. Amma sai da ya yi kusan awa biyu kafin ya kai Siri Lanka da Tailan, ya yi wajen awa bakwai kafin ya kai Somaliya. Awa bakwai fa! Da akwai wanda zai buga waya a yi shela a rediyo a ce kowa ya bar bakin ruwa, tafiyar ƙafa ta minti ashirin ta ishi dubbai su tsira. Babu, domin a lokacin Tekun Indiya ba shi da tsarin gargaɗi, alhali Pasifik na da cibiyarsa a Hawai tun ƙarshen shekarun 1940, kuma duniya ta riga ta ga yadda girgizar Chile ta 1960 mai maki 9.5 ta tura ruwa ya kashe mutum 61 a garin Hilo na Hawai bayan awa 15, ya ƙarasa Japan bayan kusan awa 22 ya kashe sama da ɗari. Ilimin yana nan, ba a kai shi inda ake buƙata ba ne, sai a 2006 aka kafa na Tekun Indiya bayan an gama binne mutane.

Kuma teku yana ba da alama. A wurare da yawa ranar tsunamin 2004 ruwa janyewa ya fara yi, ya koma baya ɗaruruwan mita, ƙasan teku ya bayyana a fili ga kifi nan yana ta tsalle a kan yashi, jiragen ruwa sun kwanta a gefe, mutane suka ruga da gudu suna tsintar kifi wasu suna ɗaukar hoto, ba su san kwarin igiyar ne ya riga tudunta isowa ba, 'yan mintuna kaɗan ruwan ya dawo musu. A wannan safiyar dai a bakin ruwan Mai Khao da ke Phuket a Tailan, wata yarinya 'yar Ingila mai shekara 10, Tilly Smith, ta ga ruwa yana kumfa yana ja da baya ta tuna darasin da aka yi musu a makaranta sati biyu kafin nan, ta dage wa iyayenta har aka kwashe mutane daga wurin.

Wanda ya fi burge ni ma shi ne tsibirin Simeulue na Indunusiya, wanda yake dab da inda girgizar ta faro. Mutanensa a lokacin kusan 80,000 ne, ba na'ura ba jiniya, amma waɗanda ruwa ya ci ba su kai goma ba. Dalili kuwa a 1907 tsunami ta taɓa yi musu ɓarna, sai waɗanda suka tsira suka sa abun cikin labarai da waƙoƙin reno, suna kiransa smong, kaka tana gaya wa jika: in ƙasa ta girgiza da ƙarfi, in ka ga teku ya ja baya, kar ka tsaya ɗaukar komai, hau tudu. Kusan shekara ɗari suna maimaita wannan magana ba su ga komai ba, ranar da ta zo kowa ya san inda zai nufa. Su ma musulmi ne, ba su ce ai in kwana ya ƙare ya ƙare ba su zauna, sun gudu kuma gudun nasu ma cikin ƙaddarar yake.

Kar kuma wani ya ɗauka kuɗi da fasaha sun gama magance matsalar. Babu ƙasar da ta kai Japan shiri, amma ranar 11 ga Maris 2011 girgiza mai maki 9 ta turo ruwan da ya haura kusan mita 40 a wasu wuraren, ya tsallake katangar garin Taro mai tsayin mita 10 da ake alfahari da ita, ya lalata tashar nukiliya ta Fukushima, sama da mutum 18,000 suka mutu ko suka ɓace. An yi gargaɗi cikin 'yan mintuna, amma ƙiyasin farko na tsayin ruwan ya yi ƙasa da abun da ya zo, wasu suka dogara da katanga ba su gudu ba, wasu suka gudu sannan suka koma ɗauko kaya ko duba gida bayan igiyar farko ta wuce, alhali ta biyu ko ta uku kan fi ta farko girma kuma tsakaninsu sai a yi rabin awa ko awa guda. A ƙauyen Aneyoshi kuwa akwai wani tsohon dutse da magabata suka kafa suka rubuta kar a yi gini ƙasa da nan, mutanen suka bi maganar, ruwan 2011 ya tsaya ƙasa da dutsen bai taɓa gidajensu ba.

Inda har yanzu ake da rauni sosai shi ne tsunamin da ba girgiza ce ta kawo ta ba, domin yawancin tsarin gargaɗin girgiza yake jira ya ji kafin ya yi ƙara. A daren 22 ga Disamba 2018 gefen dutse mai aman wuta na Anak Krakatau ya zaftare cikin teku, ba wanda ya ji ƙasa ta motsa, ba jiniyar da ta yi kuka, ruwa ya iske mutane a bakin gaɓar Java da Sumatra cikin duhu ya kashe sama da 400. Kuma wata uku kafin nan, bayan girgiza da tsunamin da suka afka wa garin Palu na Indunusiya, hukumar agajin gaggawa ta Indunusiya da kanta ta fito ta ce na'urorin da aka girka a cikin teku don gano tsunami sun daina aiki tun 2012, wasu an lalata su wasu an sace, ba a kuma ware kuɗin gyara ba. Wannan kam ba teku za a tuhuma ba, waɗanda aka ba amanar kula da na'urorin nan su ya kamata a tsayar a tambaya.